Birkin Baba Nomau

Don takardarsa na sayi littafin,
dala ashirin, a gindin bedi kusa da tashar Tawa.
Gara ta riga ni karanta rabinsa.
Abin da ta rage mini labarin jirgin ƙasa ne
tun bai san wuta ba,
tun bai koyi kuka ba.

Da dare na fassara wa Baba Nomau
yana cusa man kaɗe a faskaren dugadugansa.
Na ce: wai a ƙasashen sanyi, shekara ɗari biyu baya,
ramin kwal yana kan dutse, ruwan jiragen yana ƙasa.
Sai suka shimfiɗa katako biyu, daga baya ƙarfe,
suka cika tarago fal, suka sake shi.
Babu doki a gaba, babu hayaƙi.
Nauyin kayan shi ne direba.

Ya ce, "Ƙarya fure take."
Na ce ga zanen nan, duba.

Wani wurin igiya guda ce a kan gungume,
cikakke yana sauka, yana jan wofi zuwa sama,
su haɗu a tsakiya kamar surukai,
ba gaisuwa, kowa ya wuce.

"To wa ke tsayar da shi?"
Mutum ɗaya, Baba, a bayan tarago,
ya rungume sanda, ya danna ta kan ƙafar ƙarfe.
In raɓa ta sauka a layi, sai addu'a.
Littafin ya faɗi nauyin kwal, ya faɗi tsawon hanya,
sunan mai sandar ne babu,
ko kuwa yana shafin da gara ta ci.

Sai na zo kan alfadarai.
Su ke jan taragon wofi zuwa bisa, da gumi,
amma a dawowa akwai nasu taragon a baya,
su hau, su tsaya, ana gangarawa da su,
suna cin abinci, iska tana kaɗa musu kunne.

Baba ya yi dariya har tari ya kama shi.
Sannan ya yi shiru.
A bayan danga jakinsa Ɗan Baƙi yana taunar kara.

Shekara talatin da ɗaya yana dakon gawayi,
buhu tara a amalanke, shi na goma,
kuma gangaren nan na bayan makabarta,
inda ƙarfen amalanke ke dukan cinyar jaki,
kullum a zaune yake sauka, yana cewa kur, kur.
Hawa ake tausaya wa dabba.
Sauka, wa ya taɓa tambaya?

Washegari ban gan shi a shayi ba.
Na iske shi wurin Alkasum mai walda
da guntun aduwa da tsohuwar tayar babur,
suna gardama kan ƙusa.
Jika ɗaya da rabi, aikin ya ci.
Inna Tsahara ta ce kuɗin cefanenta ne aka ɗaura wa taya.

Birkin yana ƙara kamar zabuwa ta ga shaho.
Yaran unguwa sun sa masa suna tun ranar farko.
Jakin bai hau amalanke ba, an gwada, ya ƙi,
ya kafe ƙafa huɗu, ya dubi Baba
duban wanda aka yi wa tayin banza da yamma.

Amma yanzu in sun iso bakin gangare
tsohon yakan sauko,
ya zagaya baya, ya rungume sandarsa,
ya jingina duk ƙashinsa a kanta,
buhu tara suna jan shi, silifas ɗinsa suna zane a ƙasa,
Ɗan Baƙi yana tafe a gaba, igiya sake,
kunne ɗaya a tsaye, yana saurare.