Kundin Tekun Da Ya Tafi

A Tarvok jiragen ruwa kwance suke a kan haƙarƙarinsu,
shekara ɗari uku ke nan,
tun daren da teku ya tattara nasa ya nasa
ya tafi bai yi wa kowa sallama ba.
Gishiri ya gaje gurbin, fari fat, iya ganinka.
Yaranmu a cikin jiragen suke wasan ɓuya,
ba wanda ya taɓa jiƙa idon sawunsa.

A hawa na bakwai na hasumiyar fitila akwai kundi.
Ilsevar ce ta rubuta shi,
makauniyar da ke ƙidayar cikowar ruwa da janyewarsa,
a kan fatar wani kifi da ya fi gidanmu girma,
da tawadar da har yau ƙarni take yi.
Shafi arba'in da ɗaya, ɗinke da jijiya.
Idan wata ya cika, bangonsa yakan yi gumi.

An ce wanda ya kai ƙarshensa
zai san sunan da teku ke amsawa.
Ba a ce komai ba game da kuɗin shiga.

Ni ne Dorrun, mai kwafe takardun harajin gishiri,
idona ya saba da mummunan rubutu,
shi ya sa na hau.

Shafin farko ya koya mini auna zurfin abin da babu.
Na sauko da yamma, na ce wa matata ta miƙo mini
abin nan, wanda ake shan miya da shi.
Bakina ya tsaya wayam.
Ta yi dariya. Ni ma na yi.

Kowane shafi, kalma ɗaya.
Ba sata yake yi ba, a gabanka yake ɗauka,
kamar mai bashi da ya san hanyar rumbu.
A na tara ya karɓi launin sama.
A na ashirin da shida,
ruwan nan da ke zubowa daga ido ran jana'iza.
Tsoho Vashkel ya kai talatin da uku a zamaninsa,
yanzu yana zaune ƙofar mai gasa burodi
yana nuna abubuwa da yatsa.

Kada ku ce Ilsevar muguwa ce.
A gefen shafi na talatin ta bar layi da ƙaramin hannu:
Sunan teku babba ne, ba ya shiga bakin da ke cike.
A share ɗaki kafin baƙo.

Shekaranjiya na gama na arba'in.
Na sauko, ga 'yata a bakin tsani riƙe da tulu,
'yar shekara takwas, mai wushiryar uwarta.
Na buɗe baki in kira ta.

Ta faɗa mini shi sau biyar tun daga ranar.
Yana shiga kunnena ya zurare
kamar an ɗebi ruwa da rariya.
Ta rubuta shi da gishiri a tafin hannuna,
na lashe, ɗanɗano kawai na samu.

Saura shafi ɗaya.
Dare biyu ina zaune gabansa ban juya ba.
Idan kalmar da zai ɗauka ita ce zo fa?
In riƙe sunan teku a baki kamar garwashi,
ban san abin da zan ce masa ba?

Ɗazu ta hawo duk hawa bakwai ɗin, tana haki,
ta leƙa ta taga, ta dubi farin filin
inda ƙawayenta ke tsere tsakanin jirage.
Ta ce, Baba, in ya dawo,
mu a ina za mu yi wasa?

Na duba kundin daga farko.
Ilsevar ba ta rubuta komai a kan wannan ba.
Wata ya kusa cika,
bangon ya fara jiƙa mini gwiwa.