Madambacin Tabawa

Ran kasuwar Gujungu, bayan la'asar,
Tanimu maƙerin dalma ya bugi ƙirji:
"Tukunyata, ko harsashi sai ya yi mata sallama."
Jatau maharbi na gefe yana ɓarar gyaɗa,
ya ce, "A ɗora ta kan suri mu gani."

Aka kifa ta bayan gari, daura da kanya,
aka kori awaki, aka kori yara, yaran suka dawo.
Jatau ya ɗura albarushi da boris ɗin keke,
ya danna tsumma,
ya yi bisimilla, ya kau da fuska.

Daram!
Hayaƙi ya turnuƙe gemunsa,
tukunya ta yi tsalle kamar an taka mata wutsiya.

Da muka ɗago ta, rana ta leƙo
ta ƙofa goma sha bakwai. Ni na ƙirga.
Tanimu ya ce albarushin ne ya yi yawa.
Ba wanda ya tanka.

Sai Tabawa mai dambu ta ratso taron,
ta ɗaga ta sama, ta kanne ido:
"Nawa madambacin nan?"

Har yau, in tururin zogale ya tashi a rumfarta,
Tanimu ta bayan masallaci yake bi.