Bargon da Bai Zo Ba

Lamba ta ɗari uku da sha bakwai na buga wa wannan,
ƙusa ɗaya da ɗan farantin ƙarfe.
Na rubuta a littafi: matacce, amma tsaye.
Orvel ya ce in ƙara: ya kai shekara tamanin da mutuwa.
Ya ƙwanƙwasa shi da ƙeyar gatari,
itacen ya amsa, ƙwal, kamar maigidan yana ciki.

Tsibirin Chichagof, ruwa na zuba tun Talata.
Takalmina ya sha, gansakuka ta sha, littafin ma ya sha.
Daga bakin gaɓa har inda tudu ya soma
al'ul rawaya ne tsaitsaye, fari fat,
furfura a kan wanda bai shirya tsufa ba.

Kakata Verna xáay take kiransa.
Takan kawo ni nan a kwalekwale in ruwan itace ya hau,
ta dafa gindinsa, ta yi masa magana ƙasa-ƙasa,
sannan ta tsaga ɓawo, faɗin tafin hannu kawai,
ta ja da baya, ta ja, har ya ɓalle can sama.
Ba a yi wa itace tsirara, in ji ta.
Ƙanshin yakan bi mu har Hoonah,
kamar ɗanyen dankalin da aka fere yanzu.

An daɗe ana neman mai laifi.
An tuhumi ƙwaro, an tuhumi funfuna,
an tono ƙasa an kai ɗakin gwaji,
kowa ya fito da gaskiyarsa.
Ashe ba wani abu ne ya shigo dajin ba,
wani abu ne ya daina zuwa.

Saiwarsa ba ta nutso, sama-sama take kwana,
tsawon yatsa a ƙarƙashin laka,
ta saba dusar ƙanƙara ce ke lulluɓe ta.
Yanzu Fabrairu da ruwa yake zuwa,
itace ya zaci hunturu ya wuce, ya farka da wuri,
sai iska ta gangaro daga duwatsun gabas, dare guda,
ta tarar da ƙasa ba bargo.
Ɗumi ne ya kashe shi da sanyi.
Na juya wannan magana ya fi a ƙirga,
har yau ba ta zauna mini a baki ba.

A taron gari an shimfiɗa taswira kan tebur.
Wasu sun ce a sare matattun, ai katakon bai ruɓe ba,
ya yi filafili, ya yi ginshiƙi, samari su sami na kansu.
Wata ta miƙe ta ce hanyar da za a fasa a kwaso su
ta fi gatarin ɓarna.
Aka watse ba a gama ba. Kofi ya huce a kofuna.

Ni dai ran Asabar na goya buhun dashe na hau,
can sama, ɓangaren arewa,
inda ƙanƙara ke kai wa Afrilu ba ta narke ba.
Ɗari biyu na binne, na kewaye kowanne da raga.
Duk da haka barewa za ta ci rabi, na sani.
Wanda ya tsira, kafin ɓawonsa ya isa tsaga,
ba ni ba, ba 'yata ba,
wataƙila wata da ba za ta san sunana ba.

Da nake saukowa na ci karo da shi
tsakiyar matattu, kore shar,
rassansa sun sunkuyo, ruwa na ɗiga.
Orvel ya ɗaga kafaɗa. Taswira ba ta san da shi ba.
Na dafa gindinsa kamar yadda Verna ke yi.
Kalmomin nata sun ɓace mini,
sai na ce masa sannu.
Ɗari uku da sha takwas.
Na buga ƙusar a hankali.