Ɗan Karan Tsakiya

Akawu a Garwa ya ɗaga biro:
"Rose-Ann? Biyu ne ko guda?"
Na ce rubuta, kar ka manta ɗan karan tsakiya.

Rose fure ne mai ƙaya.
Uwarta ta ɗauko dashensa daga Bamenda
cikin gwangwanin madara, bai mutu a hanya ba.

Ann kuwa Hannatu ce
da doguwar tafiya ta gutsure wa kai da jela.
Sunan tsohuwata ne, alƙalami kaɗai ke iya faɗinsa.
Yanzu kullum safe ina kira, ba kunya.

Karan fa? Baffa Saliyu ya duba takardar,
ya ce gadar Binuwai ce ta ƙanƙance.

Ita dai tana barci,
hannu ɗaya a kowace gaɓa.