Tukunyar Tsahiru

A watan da rana ke soya ƙwai a kan kwano
kuran ya ɗauke a Mokoyo, kwana tara.
Ni mai ƙanƙara ce. Jarina ya zama ruwa,
ya bi ƙarƙashin ƙofa ya tafi neman gulbi.

Tsahiru mai naɗin waya, maƙwabcina,
ya leƙo ta katanga, baƙin mai a goshinsa,
ya ce, Baraka, ara mini allon shagonki.
Wane allo?
Wanda aka rubuta BA BASHI YAU, SAI GOBE.

Ya sa shi cikin tukunyar ƙarfe
tsakanin maganaɗisu biyu da ƙafar keke.
Ya ce, duba, gobe tana tafe ta cika alkawari,
tana taka bakin ƙofa sai ta zama yau,
allo ya kore ta, ta koma, ta sake ɗaura zane ta taho.
Wannan kai da kawowar ai aiki ne,
tun kakanni yake zuba a banza, ba wanda ya tara masa kwarya.
Muna tsaye ƙafar keke ta motsa, ba hannun kowa.
Kafin la'asar firjina ya yi tari, ya kama gurnani.

Daga nan ilimin ya yi rassa.
Ƙarya zalla ba ta kunna ko ashana,
gaskiya zalla ma haka,
kowace tana zaune wuri ɗaya kamar turmi.
Sai maganar da ta ciji wutsiyarta.
Ya ɗauki muryar Nomau dillalin jajayen awaki a kaset
yana cewa, duk abin da na faɗa muku ƙarya ne.
In ya yi gaskiya ya yi ƙarya, in ƙarya ce ya yi gaskiya.
Da ita masu walda na Sabon Gari
suka yi wata biyu suna watsa tartsatsi.
Wanzamin da ke aske duk wanda ba ya aske kansa
shi kaɗai ya ja injin niƙa uku,
har yau sumarsa ba ta san matsayinta ba.

Na tambaye shi wa ya koya masa.
Ya ce wani tsoho ne ya sauka daga kabu-kabu,
ya miƙa masa zanen a bayan takardar siminti,
da tabon ƙuna a babban yatsa, irin nasa sak.
Ya ce, kin ga, wata rana dole in kai wa yaron nan,
in ban kai ba, ba wanda ya kawo mini.
To wa ya zana?
Ya yi dariya. Ya ce, kada ki amsa,
wannan tambayar ce ke riƙe da fitilun asibiti.

Furfura ta fito masa, ta fito mini.
Ban taɓa ce masa komi ba in ban da ina kwana
da ungo ruwan sanyi.
Ran wata Laraba ya naɗe takardar siminti,
ya tare kabu-kabu a bakin kasuwa,
na ji shi yana ciniki: nawa za ka kai ni jiya?
Ya bar shayinsa da zafi a kan benci.

Allon ya tsufa, rubutun ya goge.
Nomau ya rasu, kaset ya tsinke.

Yanzu in dare ya yi, kuran ya ɗauke,
nakan buɗe murfin tukunyar da ya bar mini,
in sunkuya kamar mai duba tuwo,
in ce, Tsahiru, na manta da kai.
Ƙafar keke ta zabura.
Ƙwan fitila ya kama, fari fat, har ƙofar liman.
Yara su fito da littattafan lakwal, su baje a tabarmata,
suna tambaya, Inna Baraka, me kike zuba mata?

In ce gawayi.
In ce ku yi karatunku.
Ƙanƙara dala biyar, ba bashi yau.