Hannun Baba Ilu

Na kafa kyamara a zaurensa, can Harbo.
Ya ce, "Fuska dai a'a, 'yata. Ɗauki hannu."
Hannun da ya shekara talatin yana tuƙa tuwo
a tashar Jahun, kafin a rushe musu rumfa.

Ya ba ni labarin ranar da aka yi musu aski
a tsakiyar kasuwa,
bulala ashirin, yara na ihu.
Ko gezau muryarsa.

Sai na tambaye shi, wane ne Mati?

Akuya ta leƙo, ta koma.
Ya daɗe yana murza zoben azurfa.
"Rubuta aminina."
Na kai hannu zan kashe.
"Bar ta ta ji.
Da ya rasu, ba wanda ya yi min gaisuwa."