Na Bayan Jarumi

Na mutu sau goma sha ɗaya.
Uku da wuƙar roba, biyu a mota,
sauran kuwa darakta ne ya ce in yi tari, in kwanta,
a ja mini zane har ka,
ni ko ina ciki ina shaƙar ƙamshin shinkafar jarumi.

Sunana Kiyari Abba Gana.
Ba ka san shi ba, ban ga laifinka ba.
Can ƙarshe yake zuwa,
bayan yara sun watse daga gaban tele,
maigida ya tashi alwala,
in ma wuta ba ta riga ta ɗauke ba.

A gidan matasa na fara, da kalma biyu tak:
"Ga ruwa."
Kwana huɗu ina bitarsu kan duwatsun Birni,
ƙadangaru na gyaɗa mini kai.
Ran wasa kofin ya suɓuce,
jama'a suka kwashe da dariya,
mai shiri ya ce gobe ma in sake shi haka.
Ashe ɓari ma sana'a ne.

Na yi mai gadi. Na yi ɗan kaba-kaba.
Na yi jandarma da takalmin aro,
shi arba'in da ɗaya, ƙafata arba'in da uku;
ɗingishin da kuka yaba, wallahi ba gwaninta ba ne.
Alhaji sau ɗaya na yi shi,
babbar riga, aiki har gadon baya,
kafin la'asar mai ita ya turo yaro,
wai za shi suna Mirya.

A Kasuwar Dole wata tsohuwa ta hana ni tattasai.
"Ba kai ka cinye gadon marayan nan ba?"
Na ce Iya, ai wasa ne.
Ta ce, "Da kuɗin maraya ake wasa?"
Na koma gida hannu rabbana,
Barira na faɗa, ni ina murmushi.
Har yau ba a ba ni lambar da ta kai wannan ba.

Kano ma na je, ta Matamai, a bayan motar albasa.
Suka ce Hausata na ƙamshin Damagaram,
suka ɗora mini tiren kilishi,
suka yanke maganar.
In ka lura da kyau za ka ga gwiwar hannuna.

Jarumi shida na tsaya wa a baya.
Guda na Yamai ya ajiye tumbi,
guda na gyaran waya a Zango,
biyu ban san inda iska ta kai su ba.
Biyu sun tafi da gaske.
Ni na kama makara ta hagu,
ina jira a ce a sake,
ba wanda ya ce.

Abin da shekara talatin ta koya mini bai da yawa:
in jarumi na magana, sai da mai saurare.
Ka bar fuskarka a buɗe kamar ƙofar zaure,
maganarsa ta samu inda za ta zauna.
Miya ake yabo,
wa ya taɓa gaida duwatsun murhu?
To, mu ƴan garin duwatsu ne, mun saba.

Jiya jikata Fanna ta tsaida hoto a waya,
ta ɗora babban yatsa kan fuskar jarumi
don ta gan ni sosai.
"Kaka, ga ka nan jikin ƙyaure!
Me kake tunani?"
Kuɗin garuwa nake tunani ran nan,
amma na ce mata sirri ne na sana'a.

Gobe bakwai na safe, Garin Malam.
Jika biyar, rabi hannu, rabi Allah ya kawo.
Mutuwa ta goma sha biyu.
Na ce Barira ta dama fura da wuri;
wancan karon cikina ya yi ƙugi cikin likkafani,
sai da aka sake ɗauka.